Ranar da na miƙa katin shaidata a Houston

Matar da ke bayan kantar ta miƙo hannu, ta ce in ba ta katin shaidar da na zo da shi. Na zaro shi daga jaka na ba ta ban kawo komai a raina ba, don abu ne da na saba: a banki haka ake yi, a asibiti haka ake yi, a duba a maido maka. Ta kalli katin, ta kalli allon kwamfutarta, ta danna abin da za ta danna, sannan ta ajiye shi can gefenta. Aka ɗauke ni hoto, na sa hannu, na biya kuɗi, ta turo min farar takarda guda ɗaya. Na tsaya ina jira. Ta ɗago ta tambaye ni ko da sauran abin da nake buƙata. Na ce katina. Cikin sakin fuska ta ce ai katin nan ya gama aikinsa daga yau, domin a jihar Teksas mutum ba ya riƙe lasisin tuƙi da katin shaidar jiha a lokaci guda.

A watan Yunin 2025 aka yi haka, a wani ofishin lasisi da ke kudu maso yammacin Houston. Shekara biyu cur katin yana jakata, kuma ban same shi da sauƙi ba, shi ya sa rabuwa da shi ta tsaya min a rai.

Na iso Amurka a farkon 2023, na tarar da maigidana wanda ya riga ni zuwa da shekaru. A Kano ina da katin ɗan ƙasa, ina da katin zaɓe, ina da fasfo, maigida kuma yana da lasisinsa na tuƙi a kan waɗannan. Kowanne da hukumar da ta bayar da shi, kuma ba a taɓa cewa ka kawo wannan kafin a ba ka wancan ba. Da wannan tunanin na zo. Abin da ban gane da wuri ba shi ne, Amurka ba ta da katin ɗan ƙasa irin namu. Kowace jiha ke ba mazaunanta shaida, kuma lasisin tuƙi shi ne shaidar da kusan kowa ke nunawa. Katin shaidar jiha an yi shi ne saboda wanda ba ya tuƙi: tsoho, mara lafiya, yaro, ko baƙuwa irina. Ofishi ɗaya ke bayar da su, kamanninsu kusan ɗaya, aikinsu wajen tabbatar da ko kai wane ne ɗaya. Bambancin kawai, ɗaya ya ba ka izinin hawa titi da mota, ɗayan bai ba ka ba.

A Teksas hukumar tsaron jama'a ta jiha, wadda ake kira DPS, ita ke da wannan aiki. Rajistar mota da lambarta wani wuri ne daban, kuma sababbin zuwa da yawa sukan haɗa su. Ta intanet ake kama rana. A birni kamar Houston ranar takan yi nisa, har wasu su gwammace su tafi ƙaramin gari na kusa.

Takardun da aka nema a karon farko rukuni huɗu ne: shaidar ko ni wace ce, shaidar cewa zamana a ƙasar halal ne, lambar soshal sakiriti (lambar da gwamnatin tarayya ke ba mutum don harkar aiki da haraji), da takardu biyu masu nuna cewa a Teksas nake zaune, aƙalla kwana 30. Uku na farko ba su ba ni wahala ba, don fasfona na Najeriya da katin zaman dindindin, wato girin kad, sun wadatar. Na huɗun ne ya tsayar da ni. Haya da sunan maigida, wuta da sunansa, ruwa da sunansa, inshorar mota da sunansa. Ni ba ni da ko takarda ɗaya da ta haɗa sunana da adireshin gidan da nake kwana a ciki. Duk macen da ta biyo miji za ta gamu da wannan. Mafitar ita ce wani fom mai lamba DL-5, inda wanda kuke gida ɗaya zai shaida cewa tare kuke, ya kawo nasa takardun biyu. Maigida ya ɗauki hutun rabin yini, muka je tare.

Akwai kuma batun suna, wanda nake jan kunnen duk wanda zai je. Mu a gida ba mu damu ba in an rubuta Muhammad a nan, Mohammed a can, ko a sa sunan uba a gaba yau gobe a mayar da shi baya. A can kwamfuta ce ke gwada takardunka da na hukumar shige da fice, ita kuwa ba ta san cewa duk mutum ɗaya ba ne. Na yi sa'a nawa sun zo daidai. Hoto kuma da hijabina aka ɗauke ni, sharaɗin kawai fuska ta fito sosai, daga goshi zuwa haɓa. Na biya dala 16, katin na shekara shida.

Ranar da ya iso cikin ambulan na daɗe ina juya shi a hannu. Shi ne abu na farko a ƙasar nan da ya ɗauki sunana, hotona da adireshina, ba a jingine da na kowa ba. Da shi na buɗe asusun banki, da shi na shiga makarantar koyon aikin kula da marasa lafiya, da shi nake karɓar magani, da shi nake ɗauko 'yata daga makaranta in malamar da ke bakin ƙofa sabuwa ce.

Amma Houston ba garin mai tafiya a ƙasa ba ne. Gari ne shimfiɗaɗɗe, tafiyar minti ashirin a mota takan zama awa ɗaya da rabi a bas, ga zafin bazara mai haɗe da gumi wanda ko ɗan Kano sai ya sara masa. Da na fara aiki, maigida ne ke kai ni ya ɗauko ni, shi ma ga nasa aikin na dare. Wata safiya na ga idanunsa sun yi jawur a kan sitiyari, na ce, "Yallaɓai, wannan ba za ta ɓulle ba. Ka koya min motar nan." Ya ce dama jira yake in faɗa da bakina.

Tunda na haura shekara 25, doka ba ta tilasta min shiga ajin koyon tuƙi ba. 'Yan 18 zuwa 24 ne sai sun yi kwas na awa shida. Na sauke littafin dokokin hanya na jihar, na yi wata guda ina karantawa bayan sallar isha'i. Na sake kama rana, na cika fom DL-14A. A fom ɗin akwai tambayar da ke bukatar natsuwa: ko kai ɗan ƙasa ne, kuma in haka ne ko kana son a yi maka rajistar zaɓe. Mai girin kad ba ɗan ƙasa ba ne. Amsa e a wurin nan, ko da bisa kuskure, tana iya jawo wa mutum matsala babba ranar da zai nemi zama ɗan ƙasa. Na karanta layin sau uku kafin in sa biro.

Aka gwada idona, na ci jarrabawar rubutu, na dangwala manyan yatsuna biyu a na'ura, na biya dala 33. Abin da za a ba ni lasisi ne mai sharaɗi: ba zan tuƙa ba sai da mai cikakken lasisi, ɗan shekara 21 ko fiye, zaune a kujerar gaba. Ni a lissafina wannan takardar koyo ce kawai, katin shaidata zai ci gaba da zama a jaka har ranar da na ci jarrabawar titi, watakila ma har bayan nan. Ashe a idon dokar jihar, lasisin koyo ma lasisi ne. Daga wannan ranar aka karɓi katin.

Na ce wa ma'aikaciyar ai yayana da ke Kalifoniya yana da duka biyun, na gani da idona. Ta ce tana iya yiwuwa, kowace jiha da dokarta, amma a nan sai dai in zaɓi ɗaya. In ina son katin, za ta dakatar da maganar lasisi. Na dubi takardar, na tuna idanun maigida, na ce ta ci gaba.

A mota na kira Yaya. Ya ce, "Auta, ai ni ban taɓa sanin haka ba. Nawa biyu ne, ɗaya a walat, ɗaya a durowa saboda ko na yar." Na ce ya ɗauko su ya duba kusurwar sama ta dama. Ya yi shiru na ɗan lokaci, sannan ya ce lasisin ne kaɗai ke da hoton dabbar nan ta tutar jiharsu da tauraro a jikinta. Katin shaidar ba shi da shi, wani rubutu ne a wurin mai cewa gwamnatin tarayya ta iyakance amfaninsa. Shekara da shekaru yana riƙe da su bai lura ba.

Daren nan na zauna na bi diddigin abin, don ba na son a karɓi abu a hannuna ban san dalili ba. Dokoki biyu ne ke aiki, ɗaya a kan ɗaya. Ta sama ita ce ta tarayya, mai suna REAL ID, wadda majalisar dokokin Amurka ta zartar a 2005. Asalinta harin 11 ga Satumban 2001 ne: binciken da aka yi ya nuna yawancin maharan sun mallaki lasisi ko katin shaida na jihohi, wasunsu fiye da ɗaya, kuma kwamitin binciken ya ba da shawarar a kafa mizani ɗaya na bayar da shaida. Katin da ya cika mizanin shi ne mai tauraro. Ƙa'idar tarayya ta ce mutum ɗaya kati mai tauraro ɗaya zai riƙe, ko lasisi ko katin shaida, ba duka ba, kuma ba daga jihohi biyu ba. Amma ba ta hana ka haɗa mai tauraro da mara tauraro ba, sai in jiharka ce ta hana. Ta wannan ƙofar Yaya ya shiga, don Kalifoniya ta bar ta a buɗe. Teksas kuwa ta rufe ta da tata dokar: sashe na 521.183 na kundin dokokin sufurin jihar ya ce ba za a ba ka lasisi ba sai ka miƙa katin shaidar da jihar ta ba ka, ba kuma za a ba ka katin shaida ba sai ka miƙa lasisin. Jihar New York ma, inda 'yan uwanmu na Gana da Nijar suke da yawa a Bronx, katin shaidarta na wanda ba shi da lasisi mai aiki ne.

Da na fahimci dalilin, ban ga laifin dokar ba. Kati biyu masu rai da suna ɗaya, ɗaya na iya ɓata ya faɗa hannun wani, mai shi bai ma nema ba tunda yana da na biyu. Wanda aka dakatar da lasisinsa a wata jiha kuma ba a so ya tsallaka wata ya karɓi sabo kamar ba a yi komai ba, shi ya sa jihohi da dama yanzu suke tambayar juna ta kwamfuta kafin su bayar. Maigida da na yi masa bayani cewa ya yi, "To, taura biyu ba ta taunuwa ke nan." Abin da ya dame ni ba dokar ba ce, tazarar da ke tsakani ce, wato kwanakin da tsohon kati ya tafi sabon bai zo ba.

Takardar da aka ba ni tana aiki kwana 60, katin kuma yakan iso ta gidan waya cikin mako biyu zuwa uku. A titi takardar ta isa, ɗan sanda zai karɓa. A filin jirgi ba ta isa ba, don hukumar da ke binciken fasinjoji ba ta karɓar lasisin wucin gadi na takarda. Ni kuwa saura kwana tara in tashi zuwa Sacramento ta Kalifoniya, matar Yaya ta haihu, ni ce mai zuwa suna a madadin dangi. Ga shi tun ranar 7 ga Mayun 2025, bayan ɗage wa'adi sau da yawa tun daga 2008, aka fara aiki da dokar tauraron a filayen jiragen sama, ko da tafiyar cikin gida ce. Katin da na miƙa yana da tauraronsa, don Teksas ta fara bayar da irinsa tun Oktoban 2016. Da na san haka, da na ɗaga ranar zuwa ofishin zuwa bayan suna.

Girin kad ɗina ne ya fitar da ni. Yana cikin takardun da ake karɓa a filin jirgi, haka ma fasfon ƙasar waje mai rai. Gaskiya ina tsoron fita da shi, don in ya ɓata sake shi ya haura dala 400, ga jiran watanni. Amma doka ma cewa ta yi duk mai shi da ya kai shekara 18 ya kasance yana tare da shi. Na saka shi a 'yar jakar da ke rataye a wuyana ƙarƙashin hijabi, fasfo kuma a jakar hannu. Jami'in ya duba, ya kalle ni, ya miƙo min. Da na dawo daga suna na tarar ambulan ɗin lasisin yana jirana a kan tebur.

Sauran aikin bai da wani labari mai tsawo. Wata uku maigida yana fita da ni da sassafe a filin ajiye motoci na masallaci, daga nan unguwa, daga nan manyan tituna. Na kalli bidiyon awa ɗaya da jihar ta wajabta kan haɗarin tuƙi da waya a hannu, wanda takardarsa ke aiki kwana 90. Fakin tsakanin motoci biyu ne ya fi ba ni wuya, shi na fi maimaitawa. A watan Satumba na ci jarrabawar titi, aka cire sharaɗin, aka sake ba ni takarda, wani katin ya sake biyo gidan waya. Wannan karon ban shirya tafiya ko'ina ba.

Na ɗauka na gama da wannan doka, sai ga ta ta dawo ta ɗaya ɓangaren, kuma a nan ne na ga nauyinta na gaske.

Kawun maigida ya fi shekara 40 a Amurka, yawancinsu a kan sitiyarin tasi ya yi su. Da wannan tuƙin ya aurar da ƙannensa, ya gina gida a Zariya, ya kai mahaifiyarsa Makka. Yanzu ya haura 80, ga hawan jinin ido ya ci gefen ganinsa. A Teksas daga shekara 79 ba a sabunta lasisi ta intanet, sai ka je da kanka an gwada idonka, daga 85 kuma duk shekara biyu ake komawa. Lokacin sabunta nasa ya matso, likitansa kuma ya riga ya gaya masa gaskiya. 'Ya'yansa suna wasu jihohi, maigida yana aiki, sai ya zama ni zan kai shi. Ni da ya riƙa yi wa addu'a ranar jarrabawata, yau ni ce a sitiyari shi yana gefe.

A hanya ya ce, "'Yata, ke da kika san kan abin nan, in sun ba ni katin, za su bar min lasisin? Ba tuƙi zan yi ba, wallahi na haƙura. Ajiyewa kawai zan yi."

Na ce, "Kawu, Allah ya ƙara maka lafiya, ba za su bari ba. Yadda suka karɓi katina suka ba ni lasisi, haka za su karɓi lasisinka su ba ka kati."

Ya yi shiru har muka wuce fitilu biyu. Sannan ya ce tun yana saurayi bai taɓa kwana ba lasisi a aljihunsa ba.

Tun a gida na riga na yi abin da na iya. Na ɗauki hoton lasisin gaba da baya da wayata, na kai aka wanke shi a takarda mai kyau, ya zama abin tunawa, ba abin nunawa a matsayin shaida ba. Na tabbatar fasfonsa na Amurka yana da rai, saboda makonnin jira. Na tambaye shi ko yana da tafiya, ko ganin likita a sabon asibiti, ko wata hulɗar banki a cikin watan, ya ce babu. Na kuma gaya masa cewa katin zai yi masa duk abin da lasisin ke yi in ban da tuƙi: zai hau jirgi da shi tunda mai tauraro ne, zai yi zaɓe da shi, zai karɓi maganinsa da shi.

A ofishin, saurayin da ya karɓe mu ya yi masa magana da girmamawa, ya bi da shi a hankali. Kuɗin dala 6 ne kacal ga wanda ya kai shekara 60. Da aka zo wurin miƙa lasisin, Kawu ya ciro shi daga walat da kansa, ya goge shi da gefen babbar rigarsa, ya ɗora a kan kanta da hannu biyu. Ya gyara zaman hularsa, sai aka ce ya cire ta saboda hoto. Ya ce ta addini ce, aka bar masa ita. Ya kalli kyamarar bai yi murmushi ba.

Da muka fito ya nufi ƙofar direba, kamar yadda ƙafarsa ta saba, har ya kama marfin. Sai ya saki, ya zagaya ɗaya gefen ya zauna, ya ninke farar takardar gida huɗu ya sa a aljihun gaba. Na tayar da mota. Ya ce in bi ta titin Bissonnet, kada in hau babbar hanya a wannan lokacin, cunkoso ya riga ya fara. Na bi ta inda ya ce.